Ranar da Baba Ya Tafi Gyara Darasi

Yaya tana kan keken ɗinki a shagonta, ta danne bakin wata riga da yatsa, sai wayarta ta yi ƙara. Auta ne, ƙaninta, wanda yake zaune da mahaifinsu a gida.

"Yaya, Baba yana wurinki?"

"Me zai kawo Baba shago da tsakar rana? Ba kai na bar wa shi ba?"

"Wanka kawai na shiga. Na fito na tarar da ƙofar gida a buɗe."

Ta sauke ƙafarta daga kan keke. "Ka yi masa allurar?"

"Na yi."

"Ya ci abinci?"

Ta ji takun Auta ta cikin waya, ya je dubawa. Can ya ce, "Ga shi nan a rufe, bai taɓa ba."

Ko rufe shagon ba ta yi ba, ta ce wa maƙwabciyarta ta sa mata ido. Baba yana da ciwon suga, kuma likita ya ja musu kunne: in aka yi masa allura bai ci komai ba, sugan zai faɗi, jiri ya ɗebe shi, ya zube duk inda yake. Ga kuma mantuwa da ta kama shi tun bayan rasuwar mahaifiyarsu. Mutumin da ya ƙare ƙuruciyarsa yana koyar da ilimin sararin samaniya a kwaleji, har ya rubuta littafi kan yadda rana da duniyoyinta suka samu, yau sai ya tsaya a tsakar gida yana tambayar ina banɗaki yake.

Ta tarar da Auta a ƙofar gida, ruwan wanka bai bushe a kansa ba. Ya riga ya duba wurin mai aski da kantin magani da bakin titi. Ba wanda ya gan shi.

Ta wuce ɗakin Baba. Littattafai ne tun daga ƙasa har rufi, kusan duka a kan abu guda, wasu da hotunan ƙura mai juyawa a bango, wasu sun tsufa har zaren ɗinkinsu ya fito. Gilashinsa yana kan kujera. Takalmansa na fita suna ƙarƙashin gado. Amma kwat ɗinsa ba ta jikin ƙusa, kuma akwai giɓi a kan kanta, inda littafin da ya rubuta yake zama.

"Me kuka yi da safe?"

"Karatu na yi masa. Sabon littafin nan da wani tsohon ɗalibinsa ya aiko."

"Me ke ciki?"

"Ni ina na sani, Yaya? Karantawa kawai nake. Wai manyan duniyoyin ba a inda aka haife su suke ba. Wai Mushtari, babbar cikinsu, ta taɓa matsowa kusa da rana, ta watsa duwatsu ko'ina, sannan ta koma baya. Ya sa na maimaita masa wurin har bakina ya gaji. Sai ya ce shi ba haka ya koyar ba, shi cewa ya yi kowace tana nan inda ta samu." Auta ya dafa kansa. "Ya ce yaran za su shiga jarrabawa da kuskure."

"Waɗanne yara? Yaran da suka yi furfura?" Ta riga ta juya. "Kwalejin ya nufa. Tayar da babur ɗinka."

A hanya ta sa ya tsaya ta sayi lemon kwalba mai zaƙi, ta rungume shi a ƙirji. Motoci sun cushe a mararraba, Auta ya riƙa kutsawa tsakaninsu har madubinsa ya goge jikin wata bas, direban ya leƙo yana zagi.

Mai gadin kwalejin ya gane wanda suke nema tun kafin su gama bayani. "Wani dattijo da kwat da silifa? Ya wuce. Ya gaishe ni da kyau, ya ce yana da aji." Ya nuna da sanda, sai hannunsa ya tsaya. "Can ya nufa. Subhanallahi, tsohon ginin kimiyya. Rushe shi ake yi, ma'aikatan sun tafi cin abinci."

An cire ƙofofin ginin da tagoginsa. An cire ƙarfen da ake dafawa a matakala. Suka hau suna bin jikin bango, ɓaraguzan siminti suna gangarawa ƙarƙashin ƙafafunsu. Tun kafin su kai hawa na sama suka jiyo muryarsa, irin muryar da Yaya ta rabu da ji tun tana 'yar makaranta, mai kauri, ba rawa.

Ajin ya rasa bango guda. Inda tagogi suke a da, yanzu sarari ne kawai, ana hango rufin motoci a ƙasa da tarin rodi. Allon yana nan a manne, ƙarshensa ya kai har bakin wurin da aka fasa. Baba yana tsaye a gabansa da ɗan gutsuren farar ƙasa da ya tsinta, ya zana babban faifai mai juyawa da ɗigo a tsakiya. Littattafan biyu, nasa da sabon, suna kan wani bulo kusa da ƙafarsa. Zufa ta jiƙa wuyan kwat ɗinsa, hannun da yake zanen yana karkarwa.

Auta ya yunƙura. Yaya ta damƙe rigarsa.

"Kada ka taɓa shi," ta ce a hankali. "Ka manta ranar da ka riƙe shi a bakin titi? Fizgewa zai yi."

Baba ya waiwayo, ya dube su kamar bai taɓa ganinsu ba. "Kun makara. Ku zauna, kada ku dame ni."

Yaya ta zauna a kan wani karyayyen benci, ta ɓoye kwalbar a bayanta. Da ido ta nuna wa Auta jikin bango, ya fara matsawa kaɗan-kaɗan.

"Na ce muku," in ji Baba, "da farko gajimare ne na iska da ƙura. Nauyinsa ya ja shi ciki, ya fara juyawa, ya baje kamar faifai. Tsakiyar ta yi zafi ta zama rana. Ƙurar da ta rage ta riƙa mannewa da juna, tsakuwa ta zama dutse, dutse ya zama duniya. Duk wannan yana nan daram. Amma akwai wurin da na ɓatar da ku."

Ya ja da baya don ya ga zanen da kyau. Dugadugan silifansa suka ture wani ɗan dutse, ya gangara ya faɗa. Yaya ba ta ji ƙarar saukarsa ba sai da aka ɗan jima.

Ta ɗaga hannu. "Malam, ina da tambaya."

"Sai na gama."

"Malam, daga nan ba na ganin allon. Haske ya yi yawa. Ko za ka zo ka zana mini a nan?"

"Ki matso gaba mana. Kullum 'yan baya da ƙorafi."

"Ƙafata ke ciwo, Malam."

Ya yi tsaki, amma ya tako taku ɗaya zuwa wurinta. Ya tsaya, ya lumshe ido, ya dafa allo. Ta ga gwiwoyinsa suna lanƙwasa.

"Malam, Mushtari fa?" ta ce da sauri. "Ka ce ka ɓatar da mu."

Idanunsa suka buɗe. "Yawwa. Ita ce. Na ce muku tana nan inda ta samu. To ba a tsaya nan ba, an ƙara bincike, ana ganin ta yi tafiya. Ku ɗauko littafina ku soke wurin, ni na ba ku izini. Bari in nuna muku shafin."

Ya sunkuya wajen bulon. Tsohon littafin ya daɗe da sakin ɗinki, yana ɗaga shi shafuka suka zube, iska ta kwashe su ta yi bakin ramin da su. Baba ya miƙa hannu ya bi su.

Auta ya yi tsalle. Ya cafki bayan kwat ɗin da hannu biyu, ya jefa kansa baya, suka faɗi tare a kan ɓaraguzai. Silifa ɗaya ta fice ta bi takardun ƙasa. Baba ya kai masa gwiwar hannu a baki yana cewa a sake shi, amma ƙarfinsa ya riga ya ƙare. Yaya ta durƙusa ta ɗora kansa a cinyarta, ta ɓalle murfin kwalbar da bakin benci.

"Ba a sha a ajina," in ji shi, harshensa ya yi nauyi.

"Yau dai a yi haƙuri, Malam. Kurɓa ɗaya."

Ya kurɓa. Ta ci gaba da ba shi kaɗan-kaɗan, tana goge masa goshi da gefen mayafinta. Sannu a hankali karkarwar ta lafa, numfashinsa ya daidaita. Ya daɗe yana kallon fuskarta.

"Ke ce? Wa ya kawo ki nan?" Ya juya ya ga Auta yana tofar da jini. "Kai kuma da wa ka yi faɗa?"

Auta ya fara dariya, dariyar ta juye ta zama kuka, ya kifa kai a gwiwa.

Ma'aikatan suka dawo tare da mai gadi. Shugabansu ya hau yana faɗa, da ya ga dattijon a kwance sai ya sa aka kawo wata tsohuwar ƙofa. A kanta suka sauko da Baba, mutum biyu gaba, biyu baya, suna kiran juna a kowane lungu na matakalar. Wani daga cikinsu ya zagaya bayan ginin ya tattaro shafukan da ya samu, ya miƙa wa Yaya duk ƙura.

A asibiti aka ce Baba zai kwana a duba shi, aka kuma yi wa Auta ɗinki a leɓe. Suna zaune a baranda yana ƙoƙarin ba ta haƙuri da kumburarren baki, ta ce ya rufe shi kafin zaren ya tsinke. Ta aike shi gida ya kawo bargo da kayan sawa, ita kuma ta ja kujera zuwa bakin gadon ta zauna.