Yahya a Kwale-kwalen Hawaja

Mu'minat ba ta taɓa ganin fuskar babanta Yahya ba. Tana ciki Yahya ya rasu, ko hoto ɗaya bai bari ba. Abin da ya rage sai labarin da uwarta, Inna Mairo, ke yawan bayarwa: wai wani hawaja, wato bature, ɗan Italiya ya taɓa zuwa garinsu Mai Wurno ɗaukar fim, ya zuba masunta a kwale-kwale, har da Yahya.

"Fim ɗin me, Inna?"

"Na kada da zinariya. Ni ina na sani?"

Sai da Mu'minat ta manyanta, ta sayo babbar waya a Sennar, sannan abin ya tsaya mata a rai. Ta yi ta tono har ta samo sunan hawajan. Ya salam! Ashe bawan Allahn nan bai san hutu ba. Shi ke rubuta labari, shi ke ba da umarni. Ya fara da 'yan fashin teku, ya koma kan masu dawaki da bindiga, da kasuwarsu ta mutu ya nufo Afirka. Labarin kuwa ɗaya ne, hula kawai yake canza masa: bature ya ɓata, bature ya tsinci dukiya. Ta bi finafinan ɗaya bayan ɗaya tana tsinkar ganyen muluhiya na miya, tana tsaki, amma ta kasa ajiyewa.

Ran nan da hantsi sai ga gaɓar garinsu a fim. Hawaja ya mai da ita dajin da ɗan Adam bai taɓa takawa ba, alhali ga hanyar da suke bi zuwa wanki! Kwale-kwale ya taho cike da samari, an tuɓe musu riguna, an shafa musu farar ƙasa a ƙirji.

Ta ruga tsakar gida. "Inna, duba! Wanne ne?"

Mairo ta ajiye jabana, 'yar butar kofi, ta kai wayar dab da hancinta. "Ga shi nan, na gaba."

Hawaye ya zubo wa Mu'minat. Dogo ne, yana ta danne dariya. Ta mayar da fim ɗin baya don ta ƙoshi da kallonsa.

"Tsaya," in ji Mairo. "A'a, na bayansa ne."

"Haba Inna!"

"Sake mayarwa."

Ta mayar, ta kuma mayarwa. Tsohuwar ta daɗe tana kallo, yatsanta na yawo daga wannan saurayi zuwa wancan. Can ta sauke hannu.

"'Yar nan," ta ce a hankali, "wallahi na ɗauka ina ganinsa zan gane shi."