Ranar da Aka Daina Taya Igiyar Malami

Sha'aibu mutumin Bodinga ne, ɗan jarida a wani gidan rediyo a Sakkwato. Tun yana saurayi ya kama fanni ɗaya bai sake ba: labarin makafi da kurame da guragu. Abokan aikinsa sun bi 'yan siyasa, sun yi motoci. Shi yana nan bisa babur, yau Dingyadi, gobe Horo Birni, har furfura ta fito masa. Ta dalilin shirinsa wasu sun samu keke, wasu yara sun shiga makaranta. Kowane shiri da magana ɗaya yake rufe shi: jama'a a tausaya, a taimaka.

A kasuwar Shagari ya gamu da Malami, wani makaho mutumin Kajiji, mai tufkar igiya. Da kansa yake jiƙa rama, ya tufka igiyar guga, da dabaibayi, da dangwalin da ake ɗaure maruƙa. Makiyaya sun san rumfarsa, sun kuma san bakinsa. Ciniki da Malami faɗa ne. Ka kushe igiyarsa, ya kushe shanunka. Ka taya, ya ce albarka, ka juya, ya kira ka. Sha'aibu ya ɗauki muryarsa ya sa a shiri, ya rufe da maganar da ya saba.

Bayan kaka ya koma kasuwar. Ya tarar da igiya jibge, Malami zaune, hannu ba aiki. Ya yi sallama ya durƙusa.

"Kawu Malami, Sha'aibu ne, na rediyo."

"Na gane muryar. Ita ta kashe min kasuwa."

Sha'aibu ya matso kusa.

"Tun da ka yi maganar nan ba wanda ya taya min igiya," in ji Malami. "In faɗi kuɗi, a miƙo. Wasu su aje su wuce, igiyar ma ba su ɗauka. Wata ta sa min abu ga hannu, wai in yi mata addu'a. Manu Bafulatani, da munka tsufa muna zage-zage bisa dangwali, yanzu gaishe ni yake da 'yar murya kamar ya zo dubiya. Kunyar tayawa yake ji, kuɗin farko kuma sun fi ƙarfinsa, sai ya saya ga wani. Ni ɗan kasuwa ne, ɗana, ban taɓa bara ba. Wagga ita ce kasuwata ta ƙarshe. In koma Kajiji in zauna."

Sha'aibu ya yi tunanin ya koma rediyo ya roƙi jama'a su riƙa tayawa. Ya ga wannan ma wani roƙon tausayin ne. Duk shekarun nan ya ɗauka tausayi ba ya cutar da kowa.

Ya miƙa hannu ya jawo igiya guda, ya ja ta.

"Wannan ko akuya ba za ta riƙe ba."

Malami ya ɗaga kai. "Mi ka ce?"

"Ramar ba ta jiƙu ba. Nawa?"

Malami ya faɗi kuɗi. Sha'aibu ya taya rabi.

"Albarka. Kai da ko kaza ba ka da ita, mi ka sani ga rama? Babur za ka ɗaure?"

"Ko babur ɗin sai ya tsinke ta."

"Aje min kayana, mai surutu cikin akwati."

Manu yana rumfar kusa yana duba igiyar wani. Ya ji hayaniya ya matso, sanda a kafaɗa.

"Malam, ka ji tsoron Allah," ya ce wa Sha'aibu. "Bawan Allah ne, ba ya gani."

"Wa ke nan? Manu?" in ji Malami. "Kai ne za ka ji tsoron Allah. Ramammun shanun nan naka ko zare ya ishe su."

Manu ya sauke sandar.

"Dangwalin da ka sayar min bara, maraƙi guda ya tsinke shi."

"Ƙarya kake. Taya wanga in ji."

Manu ya tsuguna, ya taka igiyar da ƙafa, ya ja da hannu biyu. Ya taya. Tayin ya fi na Sha'aibu muni.

"Albarka," in ji Malami, hannunsa yana laluben damin rama.

Sha'aibu ya tashi ya bar su suna yi. Bai samu igiyar ba, Malami ya ƙi sallama masa. A shirin makon bai ce a tausaya wa kowa ba. Cewa ya yi akwai igiya mai ƙwari a kasuwar Shagari, amma mai ita tsada gare shi, kada wanda ya yarda da kuɗin farko.

Kasuwa ta zagayo, Malami yana rumfarsa.