Daɓen Ɗakin Barira

"Wannan dai kar a kai ta inda yaro ke rarrafe."

Malam Haladu ne ya faɗa, kuma ba da ni yake ba. Shi ne shugaban masu haƙar dutse a ƙauyenmu, can bayan Basirka. Ranar na kai wa yayana Badamasi abinci wajen aiki, ina dawowa na durƙusa ina cire ƙaya daga silifas ɗina, sai na ji shi yana hana wani mai jaki loda ƙasa. Mutumin ya ce rami kawai zai cike a tsakar gidansa. Malam Haladu ya ce jiya ya dawo daga taro a Birnin Kudu, an gwada ƙasar, akwai dalma a cikinta. Mai jakin ya yi dariya, ya juye mangalarsa ya tafi.

Ni kuwa ƙayar ta daɗe da fita, amma na kasa miƙewa.

Shekara uku kenan mazan garinmu suna haƙo dutse a gindin tsauni, su niƙa shi a inji, su wanke a bakin rafi, su tsince abin da masu saye ke nema. Abin da ya rage bayan wankin, dusa muke ce mata. Laushi gare ta kamar garin tuwo, launinta toka-toka da ɗan ƙyalli. An tara ta tuli guda, ya fi tsayin katangarmu.

Da ita na yi daɓen ɗakin Barira.

Barira matar Yaya Badamasi ce. Da ta haifi Lailatu, haihuwar fari, sai aka kai ta gidansu a Wurno wankan jego. Innarmu ta ce mai jego ba ta dawowa ɗaki da tsohon daɓe, abin kunya ne. Ita gwiwa ta hana ta, sai ta ce, "Ummussalma, ke da kika gama makaranta kina zaune, nemo ƙasa." Na daɗe ina kallon tulin nan idan na kai abinci. Yaya ba ya son mata su wuce gindin tsamiya su shiga wajen, don haka na jira ranar Juma'a, maza suna masallaci, na yi ta jigila da baro har na tara abin da ya isa. Na tankaɗe, na kwaɓa da ruwan makuba. Matan unguwa suka zo da madaɓansu muka buga shi yini guda. Da ya bushe, idan ka shafa shi kamar bayan kwano. Maƙwabciyarmu Azumi ta tambaye ni inda na samo irin wannan ƙasa, na ce bakin rafi. Ban yi ƙarya ba, amma ban faɗi gaskiya ba.

Barira ta dawo da ledar ɗaki sabuwa mai furanni, wadda uwarta ta saya mata, ta shimfiɗe ta a kan daɓen tun daga bango har bango. Inna ta ji haushi. Ni ma kwana biyu ban shiga ɗakin ba. Barira ta lura, ta ce, "Ƙanwar miji, fushi ake da ni? To duk ranar da kika so ganin aikinki ki zo in ɗage miki gefe ki gaisa da shi."

Lokacin da na ji maganar Malam Haladu, Lailatu na da wata goma, rarrafe take yi kamar ana kora ta. Ledar kuma ta cinye a bakin ƙofa, inda ake takawa, ta yi rami kamar tafin hannu. Nan ne wajen zaman Lailatu. Sai ta sa farce ta kankare daɓen, ta kai baki.

Na san dalma. An yi mana ita a makaranta, kuma ina ƙarama na ji a rediyo labarin yaran Zamfara da ta kashe. Da na isa gida ban ce wa kowa komai ba. Na yanki tsohuwar tabarma na rufe ramin, na ɗora turmi a gefe don kar Lailatu ta ja. Barira ta yi tuntuɓe da turmin sau biyu, ta fitar da shi. Na mayar. Na koma wanke wa yarinyar hannu, da safe, da hantsi, bayan azahar, duk sanda na gan ta. Barira ta ce ko dai 'yar boko za ta buɗe asibiti ne a gidan nan, a gaya musu su yanki kati. Ina murmushi kawai. Idan Lailatu ta yi barci ya yi tsawo sai in je in tsaya a kanta. Sau da yawa na buɗe baki gaban Inna, sai in ji na tambaye ta ko a jiƙa wake.

Bayan sati uku ma'aikatan lafiya suka zo. Babbarsu wata Hajiya Murja ce, gajeriya, mai tabarau da igiya a wuya. Aka rubuta sunayen yara 'yan ƙasa da shekara biyar, aka ce a kai su babban asibitin Birnin Kudu a ɗebi jini. Ni Barira ta ce in raka ta, tunda ni ce mai karanta takarda. Muka hau babur zuwa Basirka, daga nan muka shiga mota. Ita tana ta hira da wata mai kai tsamiya kasuwa, ni ina riƙe da ƙafar Lailatu, ina jin ɗuminta a tafin hannuna.

Sai da aka yi kwana takwas muka koma karɓar sakamako. A kan benci muka zauna, mata sun fi ashirin. Da aka kira mu, Hajiya Murja ta duba takardar, ta dubi yarinyar, wadda ke ƙoƙarin fizge mata igiyar tabarau.

"Akwai 'yar alama," ta ce, "amma ba ta kai ta magani ba. Lafiyarta ƙalau. A dai nemo inda take samu a toshe, bayan wata uku a sake gwadawa."

Ban san na zauna a ƙasa ba sai da Barira ta ce, "Ke, tashi, ana kallonmu." Na ji iska ta shiga ƙirjina har ƙasa, irin wadda na manta ana shaƙa. A bakin asibiti Barira ta sayi awara, na cinye tawa na cinye rabin tata, ita tana kallona tana cewa ashe ƙanwar miji tana da baki. A mota na yi barci tun kafin mu fita gari, kaina a kafaɗar wata tsohuwa da ban sani ba, ba ta kuma tashe ni ba.

Gari ma ya sauya a 'yan kwanakin nan. Yara biyu ne aka riƙe a asibiti, kuma duk sun dawo da ƙafarsu. Malam Haladu ya tara mutanensa suka haƙa ƙaton rami nesa da rafi, suka daddaɓe cikinsa da yumɓu don kar ruwa ya tsiyaya, suka kwashe tulin dusar zuwa ciki, suna yayyafa mata ruwa don kar ta tashi. Suka rufe da jar ƙasa, suka kewaye da ƙaya saboda shanun mutanen ruga. Ruwan wanki ma aka yi masa kududdufinsa daban. Idan na kai abinci na tsaya gindin tsamiya na ga fili fetal inda tulin yake a da, sai in ji daɗi har cikin raina.

Abu ɗaya ne ya rage. Yaya Badamasi ya ɗora wa kansa laifin. Ya ce shi ne yake shigowa da ita a riga da takalmi, ya ɗauki yarinya kafin ya yi wanka. Daga nan sai ya koma barin kayan aikinsa a buhu can wajen, ya yi wanka a can, ya dawo gida ya sake wani. Lailatu na jin sallamarsa sai ta rarrafo ta ɗaga hannu, shi kuma ya kauce ya ce, "Tsaya, uwata, Baba bai yi tsabta ba." Ta yi ta kuka har ya fito daga banɗaki. Rannan na ji yana gaya wa Inna da ƙaramar murya cewa da wani abu ya sami yarinyar nan da bai yafe wa kansa ba. Ina tsintar shinkafa a gefe, na sunkuyar da kai.

Na yi ta gaya wa kaina ai ta warke, ai ba komai, ai turmi na nan. Amma Lailatu ta fara tsayuwa, ta iya ture abu. Ledar kuma ta soma wani ramin a ƙarƙashin gado.

Ranar wata Laraba da hantsi Hajiya Murja ta shigo gidanmu da wani ma'aikaci. Gida-gida suke bi da wata na'ura mai kama da babbar tocila. Sai a kafa bakinta a ƙasa, a jira kaɗan, lamba ta fito. Suka gwada tsakar gida, suka gwada madafa, suka gwada gindin darbejiya inda Yaya yake kakkaɓe kayansa a da. Nan ne kawai ta ce a kankare saman ƙasar a kai rami, a zuba sabuwa. Inna ta tambaye ta ko aikin da wuya. Ta ce ina, jiya ma wani gida turken awakinsu gaba ɗaya da dusar aka cike shi, kafin la'asar maza huɗu sun kwashe. Ta ce ba wanda ya sani a lokacin, ita da kanta da ta ga laushin ƙasar nan da ta ɗiba.

Na ɗago na dube ta. Ba ta ma san ina wurin ba, tana goge tabarau da gefen mayafi.

Ta leƙa ɗakin Barira, ta ce ma sha Allah, leda har bango, haka ake so. Ta tambayi turmin me yake yi a bakin ƙofa, Barira ta ce a tambayi likitar gidan, ta nuna ni da baki. Aka yi dariya. Suka yi sallama, Inna ta sa musu albarka, ma'aikacin ya mayar da na'urar cikin jaka.

Na bi su har zaure kamar mai rakiya. Yaya Badamasi yana nan a tsaye, ya dawo don ya ji abin da za a ce. Da na gan shi na so in juya. Amma na tsaya.

"Hajiya," na ce.

Ta waiwayo. Yaya ma ya waiwayo, don ba a saba jin muryata a zaure ba.

"Daɓen ɗakin can ni na yi shi, kuma daga tulin na ɗebo ƙasar. Na'urar nan tana gani ta cikin leda, ko sai an ɗage?"