Miyar Burodin Muniratu

Kwana goma sha ɗaya suka rage bizata ta mutu lokacin da Alhaji Mijinyawa ya ce in kawo abincin gwaji. Yana da shagon kago, wato na aika kaya gida, a kasuwar Murshid Bazar a nan ƙasar Larabawa, da ma'aikata tara masu ɗaure kaya, kuma ya gaji da yadda suke ɓacewa awa guda da rana da sunan neman abinci. Ya ce in yaransa suka ci suka yaba, zai ɗauke ni aikin girki ya sabunta min takarda. In ba haka ba, sai komawa gida Kumasi, ɗakin yayata.

Na san abin da zan dafa. A otal ɗin da na yi aiki kafin a sallame mu akwai wata 'yar Afirka ta Kudu da ta koya min abincin garinsu: a raba burodi gida huɗu, a ƙwaƙule cikinsa ya zama kwano, a zuba miyar nama mai yaji da dankali, a mayar da tsokar burodin a kai. Ba faranti, ba cokali, mutum ya cinye har mazubin. Naman ma na ƙashi ne, mai araha, dankali ya cike giɓin.

A unguwar Al Nahda mu shida ne a falat ɗaya, kicin ɗaya, bilenda ɗaya. Babbarmu Anti Kadija ce, 'yar Damagaram, sana'arta haɗa humra da turaren wuta tana aika wa amare a gida. Gidan nan ya sha turare har bango. Tawul ɗinmu turare, sukari turare, ni kaina hancina ya daina jin komai tun watan farko. Abin da na tsana shi ne ranar da take soya farce, wato ɓawon nan na dabbar teku da ake sawa a turare. Wari yake kamar an ƙona gashi a kan ruɓaɓɓen kifi. Sai ta soya ta niƙa, sannan ta kwarara masa mai.

Ranar Alhamis na tashi da azumi, don Allah ya ba ni sa'a. Na soya kirfa da kanumfari da masoro, na zuba su a bilenda da citta da tafarnuwa da barkono, na markaɗa. Bilendar a wanke na same ta, a kife. Nama ya yi laushi, mai ya taso ja a sama, miyar ta yi kauri yadda ba za ta jiƙa burodi ta fasa shi ba. Ido dai ya ƙoshi. Ban ɗanɗana ba, tunda ina azumi, kuma ni da na shekara huɗu a kicin ɗin otal wa zai koya min gishiri?

Ana idar da Azahar na isa shagon. Na jera burodin a kan kwalin takalma, na zuzzuba. Illa, babban mai ɗaure kaya, shi ya fara ɗauka. Ya gutsura, ya tauna sau biyu, sai muƙamuƙinsa ya tsaya. Mutumin kirki ne, ya yi ƙoƙari ya haɗiye, idonsa ya kawo ruwa. Na kusa da shi bai yi wannan karar ba, ya juya ya tofar cikin kwali. Wani ya dinga goge harshensa da hannun riga.

Alhaji ya ɗaga nasa, ya kai hanci, ya daɗe yana shinshinawa. Sannan ya ajiye a hankali, ya ture shi da ɗan yatsa ɗaya.

Ya ce, "Malama Muniratu, me kika sa a ciki?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, kayan ƙamshi ne kawai."

"Na san ƙamshin nan. Ba a tukunya ake samunsa ba." Ya kalle ni, kallon da har yau in na tuna sai tsikar jikina ta tashi. "Da kin ce kina neman taimako, da na taimaka. Ba sai an haɗa min wani abu ba. Ina da iyali."

Sai a lokacin na gane abin da yake nufi, wai asiri na zuba masa. Ni, da azumi a bakina. Na yi rantsuwa, na ce a ba ni in ci a gabansa, ya ce ai mai azumi ba ya ci, kuma ya faɗa da wata murya kamar azumin ma dabara ce. Ya ce khalas, magana ta ƙare, Illa ya taya ni kwashe kayana.

Da aka kira Magariba na zauna a kicin, na sha ruwa, na gutsuri burodin. Subhanallahi. Ɗaci ne ya fara zuwa, sai maiƙon turare ya lulluɓe min harshe, can ƙasa kuma ƙarnin nan na ƙonannen kifi. Wani abu ya yi ƙaras a haƙorina. Na zaro shi, ɗan guntun farce ne, baƙi, lanƙwasasshe kamar wanda aka yanke daga yatsan ƙafar tsoho. Da ƙyar na kai bakin famfo.

Anti Kadija ta shigo tana ɗaura ɗankwali. Na nuna mata guntun a tafin hannuna.

Ta leƙa ta ce, da ɗan Faransancinta, "Mais, na ɗauraye bilendar fa, ƙanwata. A ƙarƙashin wuƙar yake maƙalewa." Sai ta tsince shi daga hannuna, ta goge da gefen zane, ta jefa a kwalbarta, wai tsada gare shi.

Na shiga ɗaki na kira yayata ta Kumasi a waya, na ce ta kwashe buhunan masarar da ta jibge a kan gadona.