Muryar Mama Prudence

Elvis ba ya jin Indiyanci ko na sisin kwabo, amma shi ke fassara finafinan Indiya a Jikwoyi. Ba ruwansa da na manyan jarumai. Na rahusar nan yake so, masu macijin roba da jinin da kowa ya san tumatir ne. Sai ya kashe sautin, ya kalli bakin 'yan wasan, ya ƙaga musu magana. 'Yan unguwa kuwa sun mace a kansu, ana turawa daga waya zuwa waya, ana haddacewa kamar karatu.

Da ya zo kan wata mai rikiɗa ta koma macijiya, ya rasa muryar da zai ba ta. Sai ya ari ta Mama Prudence mai tuwo a bakin tasha, har da dariyarta mai ƙarewa da tari. Shi a ganinsa raha ce, bai san ya ɗebo ruwan dafa kansa ba.

Aka yi sati biyu ana tsokanarta. Ran Talata da azahar Albert ɗan acaɓa ya ci tuwonta, ya yanke jiki ya faɗi, bakinsa na kumfa. Kafin a kai shi asibiti magana ta zagaya: mayya ce, ai kowa ya ji ta a fim.

Elvis ya iso a guje, ya tarar an kewaye rumfar, an kifar da tukwane. Mama Prudence na durƙushe, ɗankwalinta a ƙasa. Wani riƙe da taya, wani da jarkar fetur.

"Don Allah ku tsaya! Ni na yi voice ɗin, ba ita ba!"

"Oga Elvis, matsa gefe," in ji mai jarkar. "Muryar mace ne, mun ji da kunnenmu."

Ba shi da wata shaida sai maƙogwaronsa. Ya matse murya, ya saki dariyar har da tarin. Tsoro ya sa ta fito daidai, ta ma fi ta fim.

Na gaba suka ja da baya. Mama Prudence ta ɗago tana kallonsa, bakinta a rufe, ga muryarta na fita daga bakin wani.

"Jesus!" Wata mata ta ƙwalla ihu. "Ta shiga jikinsa!"

Mai jarkar ya waiwaya ya ce da na bayansa, "Je ka ƙaro wani taya."