Wankan Corinne

Manjo Ferrell Guidry mutum ne da idan ya ce a'a sai ya gyara zaman hularsa, don a san magana ta ƙare. Safiyar Asabar ɗin ma haka ya yi. Yana zaune a baranda da kofin shayi mai ƙanƙara, ya dubi matarsa Odile ya ce shi fa ba zai riƙe tiyo ba, sannan ya ja hular.

Duk wanda ya tashi a gefen sansanin jiragen nan na arewacin Louisiana ya san al'adar. Ranar da matuƙi ya yi tashinsa na ƙarshe, da ya sauko iyalansa za su tare shi da tiyon 'yan kwana-kwana su yi masa sharkaf, ana dariya ana tafi. Wanda aka bari ya koma gida a bushe kuwa, ba sai an tambaya ba, ba shi da masoyi ne. To yau 'yarsu Corinne, Laftanar Kanar, za ta sauko da jirgin yaƙi B-52 karo na ƙarshe, kuma ta riga ta sanar da kowa cewa ko mahaifinta ya fara jiƙa ta, ko kada wanda ya ɗiga mata ruwa. Taurin kan na gado ne.

"Jirgin ya haura shekara sittin, bai taɓa neman ritaya ba," in ji Ferrell. "Ita tana da arba'in da huɗu wai ta gaji. Za ta je ta koyar da lissafi a sakandare. Lissafi fa, Odile."

"Ai kai ma ka bari."

"Ni likita ne ya sauke ni, ba ni na sauke kaina ba."

Odile ta rufe tukunyar jatan landen da ta dafa da masara da dankali, ta miƙa masa makullin mota.

"Na ji ka ce ba za ka riƙe tiyo ba. Ban ji ka ce ba za ka kai ni ba. Tashi, tsoho, tukunyar nan ba za ta ɗauki kanta ba."

Ya yi ta ƙunƙuni har mota. Amma sai da ya koma ciki ya saka tsohuwar rigarsa ta matuƙa, wadda yanzu ba ta rufe cikinsa, wai don rana kada ta ƙona masa hannu.

A filin an kafa rumfa, matan cocinsu sun jera tebura, ga motar kashe gobara ja wur a gefe. Iska tana kaɗowa daga yamma, tana yanke titin jirgi a karkace, har sai da aka ɗora duwatsu a kan farantai. Kwamandan rundunar, Kanar Whitlock, ya zo cikin kakin da aka goge har yana ɗaukar ido, ya gaishe su cikin girmamawa. Bayansa Saje Landry na 'yan kwana-kwana ya matso da ƙaramin tiyo a hannu.

"Yallaɓai, ga naka. Wannan muke ba iyali, ba shi da ƙarfi sosai."

"Ni kallo na zo," in ji Ferrell, ya harɗe hannuwa.

Kallon nasa bai hana baki aiki ba. Wani B-52 yana ajiye can nesa, fukafukansa sun sunkuyo saboda nauyin mai, ƙananan tayoyin bakin fiffike sun dafa ƙasa. Ferrell ya nuna shi da haɓa, ya fara karatun da duk garin ya haddace.

"Ka ga fatar jikinsa duk ta yamutse a gaba? Ba tsufa ba ne, haka yake tun yana sabo. Inji takwas. Ya tashi daga nan ya ƙetare teku bai nemi mai ba, in kuma ya nema, a sama ake ba shi yana tafiya. Ubana yana cikin waɗanda suka ɗaure masa ƙusoshi a masana'anta, tun ina ɗan firamare."

"Sai kai kuma ka zo ka yi ta kwana a gefensa," Odile ta karɓe, tana jera cokula.

"Mako guda cur muke kwana a gefensa, da takalma a ƙafa. Jiniya na kaɗawa..."

"...ka fito daga wanka da sabulu a kunne, ka tuƙa shi da tawul a wuya. Saje, wannan ne karo na nawa da ka ji?"

"Ban ƙirga ba, Mama, amma kullum tawul ɗin yana ƙara gajarta."

Ferrell ya harare su duka biyun. Abin da bai cika faɗa ba shi ne, duk shekarun nan ya san irin kayan da ke cikin jirgin, kayan da in aka sake su gari ba ya sake zama gari. Babban abin alfaharinsa a duniya shi ne ya yi ta ɗaukar kayan nan yana dawowa da su, har ya bar aiki ba a ce ya saki ba.

Wani ya ce ga ta nan. Kowa ya juya. Da fari hayaƙi kawai ake gani, layi-layi a sararin sama, sannan jirgin ya bayyana, yana saukowa a hankali. Hancinsa bai kalli titin ba, ya karkace yana fuskantar iska, amma tayoyin cikinsa an juya su sun miƙe daidai da titi. Wanda bai saba ba sai ya rantse jirgin zai faɗa ciyawa. Ferrell bai san lokacin da hannuwansa suka warware ba. Na dama ya rufe a kan wani abu da babu shi, yana ja baya kaɗan-kaɗan, leɓɓansa suna motsi.

"Riƙe shi haka. Kada ki yi gaggawa. Riƙe."

Tayoyin suka taɓa ƙasa ba ko tsalle, lemar rage gudu ta buɗe a bayan jirgin ta cika da iska, ƙarar ta ratsa ƙirjin kowa. Aka ɗauki tafi. Ferrell ya yi sauri ya mayar da hannuwansa ya harɗe, ya waiga ko Odile ta gani. Ta gani mana, ta dai yi kamar tana gyara murfin tukunya.

Jirgin ya gangaro ya tsaya gaban rumfa, injuna suka mutu ɗaya bayan ɗaya. Ƙofar cikinsa ta buɗe, mutum huɗu suka sauko suka ja gefe da sauri, don sun san abin da ke biyo baya. Corinne ce ta ƙarshe. Ta shafa jikin jirgin, ta cire hular kwanonta ta miƙa wa wani, ta tako tsakiyar fili ta tsaya. Ta ware hannuwa, ta rufe ido.

Abokan aikinta suna riƙe da bokitai da gorunan ruwa, kowa yana satar kallon tsohon, ba mai ikon farawa. Kanar Whitlock ya yi gyaran murya, ya duba takalmansa. Iska ta ɗauke wani faranti ta yi gaba da shi.

Corinne ta buɗe ido ta dubi mahaifinta. Ba ta yi fushi ba, da ma fushin ta yi da ya fi masa sauƙi. Murmushi ta yi, ɗan guntu, ta sauke hannuwanta, ta juya ta nufi motar da ke mayar da matuƙa ofis. Bayan rigarta a bushe yake ƙamas, in ban da gumi.

Ferrell ya sunkuya kusa da kunnen matarsa, muryarsa ta yi ƙasa.

"Odile, in na jiƙa ta shi ke nan fa. Jirgi zai riƙa wucewa ta saman gidanmu, ni ba ni da kowa a ciki."

Ta dube shi da tausayi, don ta daɗe da sanin ba lissafin sakandare ne ke cinsa ba.

"In ba ka jiƙa ta ba ma haka ne, Ferrell. Bambancin kawai, za ta tafi a bushe."

Ya cire hular ya danƙa mata, ya nufi motar kashe gobara da wani sauri da gwiwoyinsa suka manta da shi. Saje Landry ya miƙo ƙaramin tiyon, ya ture shi.

"Wannan na ban ruwan fulawa ne. Ba ni babban."

"Yallaɓai, babban nan sai mutum biyu ke riƙe shi."

"Na riƙe inji takwas da hannu ɗaya. Buɗe."

Saje ya dubi Kanar, Kanar ya ɗaga kafaɗa. Aka buɗe, rabi ma kawai. Tiyon ya kumbura, ya yi wani fizga, sai ga Manjo Guidry yana rawar da bai taɓa yi ba ko a ranar aurensa. Ruwan farko bai je ko kusa da Corinne ba. Kanar Whitlock ya samu, daga wuya har gwiwa, gugar nan duk ta tafi. Na biyu ya share teburin burodi. Na uku ya sami Odile, wadda ta kwanta a kan tukunyarta tana kare ta da jikinta, tana kiran cikakken sunansa har da na kakansa. Masu bokitai suka watse, wasu dariya ta kayar da su ƙasa.

Hayaniyar ce ta sa Corinne ta waigo. Ta ga mahaifinta yana tangaɗi, tiyo yana jan sa hagu da dama, ya ƙi saki. Ta dawo a guje, ta zagaya ta bayansa ta cafke tiyon da hannu biyu. Nan take ya nutsu.

"Saki tiyon ki koma gaba," in ji shi yana haki. "Ke ake wa wankan."

"In na saki, Baba, za ka tashi sama ba jirgi."

"To yaya za a yi? Kina bayana, ruwa yana gaba."

"Ɗaga bakin sama."

Suka ɗaga tare. Ruwan ya yi sama ya tsaya, iska ta ɗan karkata shi, sannan ya dawo musu a ka gaba ɗaya, mai sanyi ƙarara. Masu bokitai suka ga an buɗe hanya, suka rufa musu ta ko'ina. Har Kanar Whitlock, da yake ba shi da sauran abin karewa, ya karɓi gora ya zo ya juye nasa.

Corinne tana dariya tana tofar da ruwa, gashinta ya manne a fuska.

"Ka makara, Baba."

"Sai da na tsaya na duba ko saukar ta cancanci ruwa."

"To, ta cancanta?"

Shi ba mutum ne mai yabo ba, yabon yana fita masa da ƙyar kamar cire haƙori.

"A irin iskar nan," ya ce, "ni da zagayawa zan yi in sake gwadawa."

Ta daina dariya. Ta kifa goshinta a kafaɗarsa, hannuwanta har yanzu a kan tiyon. Ferrell ya yi kuka, a gaban Kanar da Saje da matan coci da kowa, kuma abin bai dame shi ba ko kaɗan. Daɗi yake ji da baƙin ciki a haɗe, daɗin ya fi yawa.

Saje Landry ya ɗaga murya daga jikin motar, hannunsa a kan famfo.

"Yallaɓai, a kashe?"

Ferrell ya dubi 'yarsa. Ruwa yana zuba daga hannun rigarta, yana ambaliya daga bakin takalmanta, ba sauran wuri ko na ɗora yatsa da bai jiƙe ba. Ya ƙara damƙe tiyon.

"Bar shi tukuna," ya ce. "Ba ta jiƙe ba."