Gurbin Karatun Mama

"Mama, in alƙali ya ce ba ki cancanta ba, Anti ce za ta samu gurbinki?"

Uwar ta tsaya cak da jera magunguna a kantin da take aiki. Jami'a ta janye mata gurbin digiri na biyu a harhaɗa magunguna, wai haihuwa ta katse mata shekarar horo, ita kuwa ta kai ƙara. Abokiyar aikinta, wadda 'yarta ke kira Anti, ita kaɗai ta taɓa gaya wa zancen katsewar.

"Wa ya gaya miki?"

"A waya na ji tana faɗa, har da dariya."

Ta hango Antin tana sallamar mai saye, murmushi fal fuska. Ta jawo 'yarta jikinta.

In kana shari'a, kada ka buɗe cikinka ga mai neman abin da kake nema.